HAUZI DA ƘASAR GWAMNATI: SHIN DAƊEWA A WURI TANA MALLAKAR DA SHI?

 

Darasin wannan mako ya shafi wata magana wadda ake yawan ji a duk lokacin da ma'aikatan ƙasa da safiyo suka shiga unguwa suka shafa jan fenti a bangon gidaje, ko kuwa aka aiko wa manoma takarda cewa su tashi daga gefen gandun daji. Abin da mai gida ko mai gona yakan fara kawowa hujja shi ne yawan shekarunsa a wurin. Wani ya ce ashirin, wani ya ce arba'in, wani ya ce a nan aka binne cibiyarsa. Waɗansu har sukan ƙara da cewa ai Shari'a ta ce wanda ya riƙe wuri shekara goma ya zama nasa. Maganar tana da asali a littattafan Malikiyya, amma yadda ake faɗinta a bakin titi ba haka take a cikin littafi ba. Mutane da yawa sun zuba gumin rayuwarsu a bisa wannan gurguwar fahimta, suka wayi gari ba gida, ba diyya.

Wannan hukunci shi ne alƙalan ƙasar nan suke kira hauzi, watau mutum ya ɗora hannunsa a kan abu, yana sarrafa shi kamar yadda mai abu yake sarrafa abinsa. Imam Malik, Allah Ya jiƙansa, bai yanka masa adadin shekaru ba. A cikin Mudawwana ya bar abin ga ganin shugaba, gwargwadon yadda ya ga tsawon zamani ya isa ya ƙaryata mai ƙara. Malaminsa Rabi'a ya ambaci shekara goma, kuma akwai hadisin da ake ruwaitowa a kan haka, sai dai mursali ne, watau tabi'i ne ya danganta shi ga Annabi ba tare da ambaton sahabin da ya ji daga gare shi ba. Ibnul Ƙasim ya ce abin da ya kusanci goma, kamar takwas ko tara, hukuncinsu ɗaya ne. A kan goman nan malaman baya suka tsaya. Ita ce ke cikin Risala ta Ibn Abi Zaid Alƙairawani wanda ya rasu a shekarar 386 ta Hijira, ita ce ke cikin Muhtasar na Shaihu Halil, haka kuma Tuhfa ta alƙalin Garnaɗa, Ibn Asim, wanda ya rasu a 829. Waɗannan uku kuwa su ne ba a raba teburin alƙalin Arewa da su.

To, amma shekarun kaɗai ba su isa ba. Sai mai ƙarar ya kasance yana gari, yana ganin abin da ake yi, ya san abin nasa ne, sa'an nan ya yi shiru tsawon wannan lokaci ba tare da wani uzuri ba. Shi kuma mai riƙo sai ya kasance yana danganta wurin ga kansa, yana yi masa aikin da mai haya ko mai aro ba ya yi, kamar rushe gini, da tayar da sabo, da dasa itatuwa. In waɗannan suka cika, alƙali ba zai saurari ƙarar wancan ba, ba kuma zai karɓi shaidunsa ba. Waɗansu malamai suka ƙara da cewa sai mai riƙon ya rantse. In kuwa mai ƙara yana wata ƙasa mai nisa, ko yaro ne lokacin da aka shiga wurin, ko mahaukaci, to yana nan a kan haƙƙinsa. Tsakanin dangi ma goma ba ta aiki, domin ɗan'uwa yakan kawar da kai ga ɗan'uwansa don kunya da zumunci, saboda haka aka kai nasu har abin da ya haura shekara arba'in. Tsakanin uba da ɗa kuwa abin ya fi haka tsanani.

Akwai wani uzuri da ya kamata mai karatu ya riƙe shi da kyau, domin za a komo kansa nan gaba. Malamai sun ce in mai riƙon wurin mai iko ne, ko kuwa yana jingine da mai iko, har tsoronsa ya hana mai haƙƙi buɗe baki, to wannan shiru ba a lissafa shi yarda, ko da shekarun sun yi yawa.

Me ya sa Shari'a ta toshe kunne daga ƙarar mutumin da watakila gaskiya yake faɗi? Dalili shi ne al'ada. Ba a saba ganin mai hankali yana kallon baƙo yana rushe gidansa yana sāke gini shekara goma, bai ce uffan ba, sai in ya san ya sayar, ko ya bayar, ko dai da ma ba nasa ba ne. Shirun nasa shi ne ya zama shaida a kansa. Saboda haka Ibn Rushd ya bayyana cewa hauzi ba ya ɗauke mallaka daga hannun wani ya mai da ita ga wani, alama ce kawai da ke nuna mallakar, kamar yadda sanin siffar jakar da aka tsinta yake nuna mai ita. Wannan bambanci shi ne ginshiƙin darasin duka. Alama tana aiki ne inda ba a san asalin abu ba. In an san yadda mutum ya shiga wurin, aka tabbatar aro aka ba shi, ko haya, ko jingina, ko kuwa da ƙarfi ya shiga, to hauzi ba ya amfana masa kome ko da ya shekara ɗari, shi da 'ya'yansa. Hausawa ma sun ce zanen aro ba ya rufe katara. Sarkin Musulmi Umar, Allah Ya yarda da shi, a wasiƙarsa ga Abu Musal Ash'ari ya tuna masa cewa gaskiya daɗaɗɗiya ce, babu abin da ke ɓata ta.

Kuma ko alƙali ya yanke wa mai riƙo hukunci, wannan bai halatta masa abin da ya san ba nasa ba ne. A hadisin Ummu Salma, wanda Buhari da Muslim suka ruwaito, Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya gargaɗi masu jayayya cewa shi mutum ne, yana hukunci da abin da ya ji, wani kuma ya fi wani iya tsara hujja, saboda haka wanda aka yanka wa haƙƙin ɗan'uwansa ya sani yankin wuta aka yanka masa. Aya ta 188 a Suratul Baƙara ita ma ta hana cin dukiyar mutane da ƙarya, da kai ta gaban mahukunta don a ci wani sashe nata da zunubi alhali an sani. Lokacin da Arwa ta kai ƙarar Sa'idu ɗan Zaidu gaban Marwan tana cewa ya ci mata ƙasa, Sa'idu ya ce ina shi ina yin haka bayan ya ji Annabi ya faɗi cewa wanda ya zalunci taƙi ɗaya na ƙasa za a rataya masa shi a wuya har ƙassai bakwai. Ya bar mata wurin, ya kai kukansa ga Allah. Muslim ya ruwaito cewa ba ta mutu ba sai da ta makance, kuma a cikin ƙasar nan tata ta fāɗa rami ta mutu.

Yanzu sai a komo kan ƙasar gwamnati. Kuskure na farko shi ne ɗaukarta abu guda. Abin da mutane ke kira ƙasar gwamnati ya ƙunshi abubuwa dabam dabam, kowanne da hukuncinsa.

Akwai wuraren da amfaninsu na jama'a ne baki ɗaya: hanya, da kasuwa, da maƙabarta, da filin idi, da burtali, da mashayar dabbobi, da magudanar ruwa, da harabar masallaci. Waɗannan malaman Malikiyya sun fitar da su daga babin hauzi ƙarara. Masu sharhin Muhtasar sun ce hukuncin shekara goma ya taƙaita ne ga haƙƙin da yake na mutum tsantsa, amma waƙafi da hanya da makamantansu ana sauraren shaida a kansu kome daɗewar zamani. Hikimar a fili take. Hauzi ya ginu ne a kan shirun mai abu, to wane ne mai burtali da shirunsa zai zama yarda? Ba na hakimi ba ne, ba na dagaci ba ne, ba ma na Fulanin da ke bi ta cikinsa bana kaɗai ba ne, har da waɗanda ba a haifa ba suna da rabo a ciki. Mutum ɗaya ba shi da ikon yafe shi da baki, balle da shiru. Lokacin da Annabi ya yanka wa Abyal ɗan Hammal ma'adinin gishirin Ma'arib, aka sanar da shi cewa wurin kamar ruwa ne mai ɓuɓɓuga wanda kowa ke ɗiba, sai ya janye kyautar. In kyautar shugaba ba ta tabbata a kan irin wannan wuri ba, ina ga wanda ya shiga da kansa? Wanda ya nome burtali shekara talatin bai samu gona ba, laifi ne ya tara na shekara talatin, kuma kowa ya san jinin da aka zubar a ƙasar nan tsakanin manoma da makiyaya a kan irin wannan. Haka wanda ya cike kududdufi ko magudanar ruwa ya yi gini, sa'an nan damina ta zo ruwa ya rasa hanya ya shiga ɗakunan maƙwabta.

Hurumi shi ma yana cikin wannan kashi, watau abin da Larabawa ke kira hima. Annabi ya keɓe Naƙi'u saboda dawakin Musulmi, Umar kuma ya keɓe Rabaza saboda dabbobin sadaka. Imam Malik ya kawo a Muwaɗɗa cewa Umar ya umurci mai tsaron hurumin, Hunayyu, ya bar masu 'yan raƙuma da 'yan tumaki kaɗan su shiga, ya tsare dabbobin Ibn Auf da na Ibn Affan, domin su in dabbobinsu sun hallaka suna da gonaki da dabino, talaka kuwa ba shi da wurin zuwa sai ƙofar shugaba. Gandun daji da makiyayar da aka keɓe a ƙarƙashin dokar Jihar Arewa ta 1965 nan suka fi kusa. Abin takaici shi ne sau da yawa an juya wasiyyar Umar: a kori mai akuya biyar, a yanka wa mai kuɗi eka ɗari.

Sa'an nan akwai wurin da hukuma ta mallaka da sunan baitulmali, ta saya ko ta biya diyya ta karɓa, kamar filin makaranta, da na asibiti, da bariki, da gefen layin dogo. A nan asalin wurin sananne ne, yana cikin taswira, galibi ma da duwatsun safiyo a kafe. Wanda ya shiga ya san ba gadon ubansa ba ne. Hujjar da yakan kawo ita ce hukuma tana gani ta yi shiru. Amma shugaba ba mai dukiyar ba ne, wakili ne. Umar ya ce ya ɗauki kansa game da dukiyar Allah kamar mai riƙon maraya. To, in mai riƙon maraya ya yi sakaci har wani ya zauna a gidan maraya shekara ashirin, laifin sakaci yana wuyansa, amma gida yana nan na maraya. Barcin da akawun ofishin ƙasa ya yi, ko 'yan kuɗin da ya karɓa ya kawar da kai, ba su zama yardar al'umma ba.

Kashi na uku shi ne inda Shari'a ta buɗe ƙofa, amma ba ta hauzi ba. Wannan ita ce matacciyar ƙasa, dajin da ba na kowa ba, ba kuma harabar wani gari ba ne inda ake itace da kiwo. Hadisi ya tabbata cewa wanda ya rayar da matacciyar ƙasa ta zama tasa, kuma saiwar azzalumi ba ta da haƙƙi. A nan aiki ne ke ba da mallaka, ba yawan shekaru ba. Malikiyya sun lissafa abubuwan da ake raya ƙasa da su: fitar da ruwa kamar haƙa rijiya, da janye ruwa daga wurin da ya malale, da gini, da dasa itatuwa, da huɗa, da sare daji, da fasa duwatsu a daidaita wuri. Suka ce kewaye wuri da shinge kawai ba rayarwa ba ne, kiwo a cikinsa ma ba rayarwa ba ne. Wannan ya isa amsa ga masu kafa fegi huɗu da tubali biyu su tafi su jira wuri ya yi tsada. An ruwaito daga Umar cewa mai irin wannan kamu ba shi da haƙƙi bayan shekara uku, kuma shi ne ya karɓe abin da Bilal ɗan Haris ya kāsa nomawa daga kwarin Aƙiƙ, alhali kuwa Annabi ne ya yanka masa.

Game da izini malamai sun saɓa. Abu Hanifa ya ce dole sai da izinin shugaba ko'ina ne. Shafi'i ya ce hadisin kansa ya isa izini. Malik ya bi tsakiya: abin da ke nesa da gari, inda ba a rububi, ba ya bukatar izini, amma abin da ke kusa da gari sai da izini, in kuwa mutum ya yi gaban kansa shugaba yana da zaɓi, ko ya tabbatar masa ko ya ɗauke shi mai ƙetare iyaka. Shaihu Abdullahi ɗan Fodiyo, wanda ya rasu a 1829, ya rubuta ɗan littafi musamman a kan hanyoyin da ake keɓanta da matacciyar ƙasa, mai suna Ta'alimur Radi, abin da ke nuna cewa tun farkon daular Sakkwato matsalar tana gaban mahukunta. A yau kuwa, da garuruwa suka cika suka batse, da wuya a samu fili a gefen Kano ko Kaduna ko Zariya wanda za a kira shi nesa da gari. Saboda haka ko a bisa ƙa'idar Malik izinin hukuma ya zama sharaɗi.

Daular Turkawa, wadda ke bin mazhabar Hanafiyya, ta fuskanci wannan tambaya ta rubuta amsarta a doka. Dokar ƙasa ta 1858, sashe na 78, ta ce wanda ya riƙe ƙasar baitulmali yana nomanta shekara goma ba tare da jayayya ba ya samu haƙƙin tabbata a kanta, a ba shi takarda. Amma abin da ya samu amfani ne, asalin ƙasar yana nan na baitulmali. Majalla kuma, wadda aka kammala a 1876, ta sa shekara 15 ga yawancin ƙararraki, 36 ga asalin waƙafi, sa'an nan ta ce babu wani tsawon zamani da ke hana ƙara a kan hanya da kogi da makiyayar jama'a, kuma daɗewa ba ta kashe haƙƙi in mai riƙo ya yi iƙirari. Mai karatu zai lura cewa manomin can bai samu abin da ya samu don daɗewa kawai ba, sai don shugaba ya sa hannu a dokar da ta ba shi. Turawan Ingila su ma sun bambanta: shekara 12 a kan ƙasar mutum, 30 a kan ta Sarauta. Dokar Jihar Legas ta sa 12 da 20.

Kashi na huɗu shi ne mafi nauyi, kuma a nan ne aka fi zaluntar mutane da sunan doka. Ita ce ƙasar da jama'a suka gāda kaka da kakanni, sa'an nan doka ta zo daga baya ta kira ta ƙasar gwamnati. A watan Maris 1903 Lugga ya tsaya a Sakkwato ya ce ikon da sarakuna ke da shi a kan ƙasa ya koma hannun Turawa ta hanyar cin yaƙi. Dokar 1910 ta sa ƙasar Arewa a ƙarƙashin ikon Gwamna don amfanin 'yan ƙasa, aka sabunta ta a 1916, Gwamnatin Jihar Arewa ta sāke tsara ta a 1962. Ranar 29 ga Maris 1978 Gwamnatin Soja ta Janar Obasanjo ta kafa Dokar Amfani da Ƙasa, wadda ta danƙa ƙasar kowace jiha a hannun Gwamnanta, aka kuma cusa ta cikin Tsarin Mulki na 1979 da na 1999. Kalmar da sashe na farko ya yi amfani da ita ita ce amana: Gwamna yana riƙe ƙasa ne a madadin dukan 'yan Nijeriya. Ba a ce ta zama gandunsa ba.

Mutumin da ke kan gonar kakansa a ƙauye, ko gidan gado a cikin birni, ba mai hauzi ba ne a kan gwamnati, domin shi ya riga dokar zuwa. Dokar da kanta ta san da shi. Sashe na 34 ya ce wanda ke da ginannen wuri a cikin gari kafin dokar ya ci gaba da riƙonsa kamar Gwamna ne ya ba shi, in kuwa fili ne ba gini a bar masa har rabin hekta. Sashe na 36 ya ce manomin karkara ya ci gaba da nomansa kamar Ƙaramar Hukuma ce ta ba shi. Kotun Ƙoli a shari'ar Ogunleye da Oni, 1990, ta nuna cewa satifiket ɗin mallaka ba ya haifar da haƙƙi ga wanda ba shi da shi tun asali, ba ya kuma shafe haƙƙin wanda ya riga shi. A nan ne daɗewa take da amfani na gaskiya, domin shaida ce a kan cewa wurin yana hannun gidan tun kafin 1978. Tun a 1976, a shari'ar Idundun da Okumagba, kotun ta lissafa daɗewar riƙo cikin hanyoyi biyar na tabbatar da mallakar ƙasa, ko da yake alƙalai sun sha nanata cewa ba ta rinjayar wanda ya kawo tabbataccen asali. Wannan bai yi nisa da maganar Ibn Rushd ba. Amma wanda ya shiga filin gari bayan dokar ba da izini ba, sashe na 43 ya hana shi ko kafa katanga.

To, hukuma tana iya karɓar irin wannan ƙasa ta gado? Tana iya, in maslahar jama'a ce ta gaskiya, kuma da biya. Shaihu Halil ya halatta tilasta sayarwa don faɗaɗa masallaci, malamai suka haɗa da hanya da maƙabarta. Umar da ya faɗaɗa Masallacin Makka a shekara ta 17 ya sayi gidajen da ke kewaye, waɗanda suka ƙi sayarwa ya rushe, ya ajiye musu kuɗinsu a baitulmali har suka zo suka karɓa. Dokar 1978 a sashe na 28 ta ba Gwamna ikon soke haƙƙin zama saboda maslahar jama'a, sashe na 29 ya wajabta diyya, sai dai diyyar ta gini ce da amfanin gona da aikin da aka zuba, ba ta ƙasar kanta ba. Wannan ya gaza abin da Umar ya yi, kuma manomin da gonarsa ita ce dukan jarinsa shi ya fi jin gazawar a jikinsa. Abin da ya faru a Bakolori, kusa da Talata Mafara, a watan Afrilu 1980, lokacin da manoma suka tare hanyoyi a kan diyyar gonakinsu aka tura musu 'yan sandan kwantar da tarzoma aka yi asarar rayuka, ya isa darasi. A Abuja kuwa dokar 1976 ta mai da ƙasar yankin duka ta Gwamnatin Tarayya. Da farko an yi niyyar kwashe mazauna wurin duka a sāke musu matsuguni, daga baya aka janye saboda yawan kuɗin, aka bar Gwari da sauran ƙabilu a kan ƙasar kakanninsu ba tare da takardar da doka ta sani ba. Kiran irin waɗannan mutane 'yan kama-wuri-zauna ba adalci ba ne. Kuma a nan ne uzurin nan da aka ambata a baya yake komowa: in hukuma ko wani mai ƙarfi ya karɓe gonar talaka ba bisa ƙa'ida ba, talaka ya yi shiru don tsoro, to shekarun da suka wuce ba su wanke wurin ba. In an karɓa da sunan makaranta sa'an nan aka yanka fulotai aka raba wa manya, maslahar da ta halatta karɓar ta fāɗi.

Saura hukuncin wanda ya riga ya yi gini a wurin da ya tabbata ba nasa ba ne. Fiƙihu bai haɗa kowa a kwando ɗaya ba. Wanda ya shiga da sani, shi ne mai ƙwace, ana umurtarsa ya cire gininsa da shukarsa, ko kuwa mai wuri ya biya shi ƙimar ɓaraguzai bayan an cire ladan mai rushewa. Wanda kuwa ya shiga da shubuha, kamar mutumin da ya sayi awon igiya daga hannun dillali da sa hannun mai unguwa, yana zaton halas ya saya, Risala ta ce mai wuri ya biya shi ƙimar gininsa a tsaye. In ya ƙi, mai ginin ya biya ƙimar fili. In shi ma ya ƙi, su zama abokan tarayya gwargwadon ƙimar abin kowa. Halil ya togace ƙasar waƙafi, ya ce a can mai gini ba shi da kome sai ɓaraguzansa, domin babu mai ikon sayar masa da ita. Hanya da maƙabarta da filin idi sun fi kama da wannan. Amma filin baitulmali wanda ba a bukatarsa da gaggawa, wanda unguwa ta riga ta kafu a kansa, hukuma tana gani, har ta kai musu wuta da famfo tana karɓar kuɗin shiga, to shugaba yana da ikon ya tabbatar musu da shi a kan kuɗin ƙasa, kamar yadda yake da ikon yanka wa wanda ya ga dama don maslaha. Sau da yawa wannan ya fi kusa da adalci bisa ga turo katafila da asuba. Sai dai kyauta ce daga mai riƙon amana bayan ya duba maslaha, ba bashi ba ne da mazauna za su bi shi da hujjar shekaru. Rasiɗin haraji da takardar wuta suna nuna mutum ya zauna, ba su nuna ya mallaka.

Mai sayen da aka karɓe wurin daga hannunsa yana da haƙƙin komawa kan wanda ya sayar masa ya karɓi kuɗinsa, ko dillali ne, ko dagaci, ko ma'aikacin ofis, domin ya sayar da abin da bai mallaka ba. Game da gona kuma, malamai sun ce in an tabbatar da haƙƙin mai ƙasa bayan lokacin shuka ya wuce, ba a tuge amfanin da ke tsaye, ko da mai ƙwace ne ya shuka shi. Ana barinsa ya girbe, ya biya kuɗin hayar wannan shekara, sa'an nan ya fita.